A Tarihin Masu Taimako, Ina Muryar Wadda Aka Taimaka?

Waiwaye adon tafiya ne, in ji masu iya magana, amma mai waiwaye ba ya ganin kome sai abin da aka bar masa a bisa hanya. Yau shekara sittin ke nan ko fiye masana tarihi na Turai da Amurka suna waiwayen wani babban aiki da mata suka ɗora wa kansu tun daga ƙarshen ƙarni na 18 har zuwa farkon ƙarni na 20, wato renon ƙananan yara a wajen gidan iyayensu, da taimakon talakawan manyan birane. Daga wanga aiki ne makarantar ƙananan yara ta samo asali, wadda a garuruwan Nijar aka fi sani da jardan. Daga gare shi ne kuma taimakon jama'a ya zama sana'a mai makaranta da albashi, wadda mai yin ta ake kira asistan sosiyal a asibiti da buro.

Bakin masanan bai zo ɗaya ba. Na farko sun yi yabo, na bayansu sun yi zargi. Daga baya wasu suka kakkaɓe ƙurar tsofaffin rajista da dosiye, suka tarar da wata mace a ciki wadda masu yabo da masu zargi duka suka tsallake, ita ce uwar yaron. Waɗanga na ƙarshe su ne suka fi kusa da gaskiya. Tarihin taimako bai cika ba sai an ji ta bakin wadda aka taimaka, kuma bayan shekara ɗari ba a jin ta bakinta sai in an adana takardun da ƙananan ma'aikata ke cikawa kullum. Saboda haka maganar ta shafi masanin tarihi, ta kuma shafi kowane ma'aikaci da ke riƙe da mabuɗin ɗakin ajiya.

AIKIN MATA, SUNAN MAZA

Abu na farko da masana suka gyara shi ne sunaye. A cikin duwatsun gabashin Faransa akwai wata karkara mai sanyi da talauci da ake kira Ban-da-la-Rosh. A shekara ta 1769 limamin Kirista na wurin, Jean-Frédéric Oberlin, ya tarar da wata budurwa mai suna Sara Banzet tana tara yaran ƙauyensu a ɗaki mai murhu, tana koya masu saƙa, tana yi masu hira. Abin ya burge shi, sai ya ɗauke ta aiki, ya kuma buɗe irin waɗanga ɗakuna a ƙauyukan da ke hannunsa. A nan ne yara ke koyon sunayen itatuwa da dabbobi, da kuma Faransanci, domin a gida wani karin harshe suke yi. Sara ta rasu a 1774, ba ta kai shekara 30 ba. Wata ƴar aikin gidan Oberlin, Louise Scheppler, ta riƙe aikin fiye da shekara 50, har rasuwarta a 1837. Littattafai da yawa sun rubuta cewa Oberlin ne ya ƙago makarantar ƙananan yara, har a Amurka akwai babbar makaranta mai sunansa tun 1833. Sunan Sara kuwa, sai mai bincike ya san shi.

A Jamus, Friedrich Froebel ne ya raɗa wa makarantarsa suna lambun yara a shekara ta 1840, yana nufin yaro tsiro ne, malama kuwa mai ban ruwa. Gwamnatin Furusiya ta hana irin wagga makaranta a 1851 bisa zaton tana yaɗa rashin addini da ra'ayin tawaye, kuma shekara guda bayan haka Froebel ya rasu. Da aikin na mutum ɗaya ne, da an binne su tare. Mata ne suka ɗauke shi suka tafi da shi. Bertha von Marenholtz-Bülow ta yi yawon ƙasashen Turai tana bayani, ta kuma yi ta kai kuka wurin hukuma har aka ɗage hanin a 1860. Margarethe Schurz ta buɗe lambun yara na farko a Amurka a 1856 cikin harshen Jamusanci. Elizabeth Peabody ta buɗe na Ingilishi a Bostan a 1860, sa'an nan Susan Blow ta shigar da shi cikin makarantun gwamnati a birnin San Luwis a 1873.

Ko wadda ta yi suna a zamaninta, sunan yana iya ɓata. Alice Salomon ta kafa makarantar horar da mata aikin taimakon jama'a a Barlin a 1908. Ƴan Nazi suka kore ta daga Jamus a 1937 saboda asalinta na Yahudawa, ta rasu a Niyok a 1948, kusan an manta da ita. Tarihin rayuwarta da ta rubuta da kanta bai samu fitowa ba sai a 1983. Yau makarantar tana ɗauke da sunanta.

Mai da wa mai suna sunansa adalci ne, amma somin-taɓi ne kawai. Babbar gardama tana ga ma'anar aikin.

ZAMANIN YABO

Wurin da aka fi rubutu a kansa shi ne Gidan Hull na birnin Shikago. Jane Addams ta ziyarci Zauren Toynbee na Landan, inda ƴan jami'a ke zama cikin unguwar talakawa tun 1884, ta dawo gida da niyyar yin irinsa. A watan Satumba na 1889, ita da ƙawarta Ellen Gates Starr suka kama wani tsohon gida a tsakiyar unguwar baƙi masu neman abinci: Italiyawa, da Yahudawan Rasha da Polan, da mutanen Ailan da Jamus, da Girkawa daga baya. Dabararsu ita ce su tare a unguwar su zama maƙwabta, maimakon aiko da sadaka daga nesa. Lambun yara yana cikin abubuwan farko da suka buɗe.

Abin da ya fito daga wanga gida yana da yawa. A 1893 jahar Ilinoyi ta kafa dokar hana sa yaron da bai kai shekara 14 ba aiki a masana'anta, ta kuma naɗa wata mazauniyar gidan, Florence Kelley, shugabar masu duba masana'antu. A 1895 mazauna gidan suka buga taswirar unguwar, gida-gida, tana nuna asalin mutanen kowane gida da abin da suke samu a mako. A 1899 aka buɗe gidan shari'ar yara na farko a Shikago, don kada a haɗa yaro da manyan masu laifi. A 1912 gwamnatin tarayya ta kafa Hukumar Yara ta ɗora Julia Lathrop a kanta, ita ce mace ta farko da ta shugabanci hukuma irin wannan a Amurka. Hukumar ta bi gari-gari tana ƙidayar jariran da ke mutuwa, ta nuna cewa inda albashin uba ya yi ƙasa, nan mutuwar jarirai ke yin sama. Duk wannan an yi shi ne tun kafin matan Amurka baki ɗaya su samu ikon jefa ƙuri'a a 1920. A 1931 aka ba Addams kyautar Nobel ta zaman lafiya.

Masu rubutun farko sun kwaso labarinsu ne daga bakin matan da kansu, musamman daga littafin da Addams ta buga a 1910 a kan shekarunta ashirin a gidan. Allen Davis, a littafinsa na 1967, ya nuna cewa mazauna irin waɗanga gidaje su ne suka share wa dokokin gyara hanya. Da mata suka yawaita cikin masana tarihi, sai binciken ya ƙara zurfi. Mary Jo Deegan ta nuna a 1988 cewa Addams masaniyar zaman jama'a ce, wadda malaman jami'ar Shikago maza suka ci moriyar aikinta, sa'an nan aka mai da ita gefe. Theda Skocpol a 1992, da Seth Koven da Sonya Michel a littafin da suka tattara a 1993, sun bayyana yadda mata marasa ƙuri'a suka mai da sunan uwa makaminsu: ƙasa ma gida ce babba, kuma mai renon gida tana da ta cewa a renon ƙasa.

Duk wannan gaskiya ne. Aibin yabo ɗaya ne: mai ba da taimako shi ne mai ba da labari. Talaka yana cikin labarin kamar yadda ƙasa ke cikin labarin noma, ana aiki a kanta, ba ta magana.

ZAMANIN ZARGI

Daga ƙarshen shekarun 1960 iska ta juya. Anthony Platt ya buga littafi a 1969 a kan masu ceton yara na Shikago, ya ce gidan shari'ar yara ya faɗaɗa ikon hukuma ne a kan ɗiyan talakawa. Abin da a da ake ɗauka ƙuruciya ce, kamar yawon dare ko bara ko rashin jin magana, ya zama dalilin tsare yaro, kuma ba tare da cikakkiyar shari'a ba, tun da an ce taimakonsa ake yi. A Faransa, Jacques Donzelot ya ce a 1977 likita da malama da mai ziyarar gidaje sun zama idon hukuma a cikin ɗakin talaka.

Masu wanga ra'ayi suna da hujjoji masu nauyi. A Paris wasu matan attajirai, cikinsu har da Émilie Mallet, sun buɗe wani wuri a 1826 don ɗiyan mata ma'aikata, aka kira shi ɗakin mafaka. Zuwa 1881 yaran da ke irin waɗanga ɗakuna a Faransa sun wuce dubu 500. A ciki yara ɗari ko fiye ke zaune bisa bencina hawa-hawa, a gaban malama ɗaya da mataimakiyarta. In ta kaɗa katako su tashi, in ta sake kaɗawa su zauna. Wanda ya ce horon biyayya ake yi a wurin bai yi ƙarya ba.

A Amurka, jahar Ilinoyi ta fara ba iyaye mata marasa miji kuɗin tallafi a 1911, kuma zuwa 1920 jahohi kusan 40 sun bi sahu. Amma ba a ba mace sai an bincika ko gidanta ya dace: tsabtarsa, da halinta, da mutanen da ke shigowa wurinta. Binciken da Hukumar Yara ta yi a 1931 ya nuna kashi 3 cikin 100 ne kawai na masu karɓar kuɗin baƙar fata. Elisabeth Lasch-Quinn ta nuna a 1993 cewa da baƙar fata suka kwararo biranen arewacin Amurka, gidajen maƙwabtaka da yawa irin na Hull sun ware su, ko sun tashi daga unguwar, ko sun rufe. Mafi muni shi ne abin da Margaret Jacobs ta tono a littafinta na 2009: a yammacin Amurka da Ostareliya, tsakanin 1880 da 1940, mata farar fata da yawa sun sa hannu wajen raba ɗiyan ƴan asalin ƙasa da uwayensu, aka kai su makarantun kwana, kuma da sunan uwa ɗin nan aka yi aikin.

Ba a share waɗanga abubuwa daga tarihi, kuma duk ma'aikacin da ke shiga gidajen mutane da sunan taimako ya kamata ya san su. Amma zargi ya yi kuskure biyu. Na farko, ya cusa matan duka a kwando ɗaya, alhali sukar ɗakin mafaka mafi zafi daga cikinsu ta fito. Pauline Kergomard, wadda ta riƙe aikin duba waɗanga makarantu a Faransa daga 1879 har 1917, ta yi yaƙi da bencina hawa-hawa da haddar abin da yaro bai gane ba, ta nace a bar yaro ya yi wasa, ya motsa jiki, ya yi magana. A zamaninta ne, a 1881, aka sake wa ɗakin mafaka suna ya koma makarantar uwa, aka shigar da ita cikin tsarin ilimin ƙasa, kyauta. Kuskure na biyu ya fi girma: a labarin zargi ma talaka bebe ne. A wurin masu yabo shi tsiro ne da ake ba ruwa, a wurin masu zargi tunkiya ce da ake korawa garke. Ba wanda ya tambaye shi abin da ya zo nema.

ABIN DA DOSIYE TA FAƊA

Dosiye tana da nata tarihi. A 1869 aka kafa wata ƙungiya a Landan don tsara sadaka, wadda babban burinta shi ne rarrabe talakan da ya cancanta da wanda bai cancanta ba. Masu ziyara suka shiga gidaje, suna tambaya suna rubutawa. A 1915 wani masanin ilimi na Amurka, Abraham Flexner, ya faɗa wa taron ma'aikatan taimakon jama'a cewa aikinsu bai kai a kira shi sana'a irin ta likita ba, domin ba shi da wata dabara tasa ta kansa da ake koyarwa. Shekara biyu bayan haka Mary Richmond ta buga babban littafinta, wanda ya koyar da yadda ake tattara shaida a kan iyali, a auna ta, a rubuta. Ta haka dosiye dubbai suka taru a ɗakunan ajiya. Takardar da aka ƙago don a binciki talaka, ita ce daga baya ta adana maganarsa.

Linda Gordon ta karanta dosiyen hukumomin kare yara na Bostan daga 1880 zuwa 1960, ta buga abin da ta gano a 1988. Talakawan birnin suna tsoron babbar ƙungiyar hana zaluntar yara, har sun taƙaita sunanta suna kiran ta Zalunci kawai. Duk da haka Gordon ta tarar da cewa kashi mai yawa na ƙararrakin daga cikin iyalan kansu suka fito, musamman daga mata. Mace takan zo da ƙarar mijin da ke dukanta, ko wanda ke shanye albashi, alhali ba don wannan aka kafa hukumar ba, ta yi ta sintiri har a saurare ta. Wani lokaci takan samu abin da ta nema. Wani lokaci kuma abin ya juye a kanta, a ɗauke mata yara. Ko yaya ta kasance, ita ce ta fara tafiyar, kuma nacin irin waɗanga mata ya sa hukumomi suka koyi abin da ba su shirya koya ba.

Hakanan Molly Ladd-Taylor ta buga a 1986 wasu daga cikin wasiƙun da iyaye mata suka aika wa Hukumar Yara tsakanin 1915 da 1932. A wasu shekaru wasiƙun da hukumar ke samu sun wuce dubu 100. Matan ƙauye, waɗanda likita ke nesa da su, suna tambaya a kan ciki da haihuwa da shayarwa, wasu suna musun shawarar da aka ba su in ba ta dace da halin da suke ciki ba. Mace mai neman ilimi da ƙarfinta ta bambanta da wadda aka cusa wa shi.

Wanda ya koma labarin Gidan Hull da wanga ido zai ga sabon abu ko a cikin littafin Addams kanta. Wurin renon jarirai na gidan ya samu ne domin mata masu fita aiki ba su da inda za su bar yaransu, kuma an riga an ga yaran da suka nakasa saboda an bar su a ɗaki su kaɗai. Gidan ya buɗe wurin dafa abinci mai gina jiki bisa ƙa'idar masana, maƙwabta suka ƙi saye domin sun fi son abincin ƙasashensu, dole aka sake tsari. A wata sallar Kirsimeti aka miƙa wa wasu ƴan mata ƙanana alewa suka ƙi karɓa, domin sun yi makonni suna aiki a masana'antar alewa tun safe har dare, ko ganinta ba su so. Daga irin wannan ne matan gidan suka san girman aikin yara a unguwar da suke zaune. Mai ɗaki shi ya san inda ruwa ke zuba masa.

Amma a duba tsawon lokacin da aka ɗauka kafin a ji muryar unguwar kai tsaye. Hilda Satt Polacheck, wadda ta zo Shikago daga Polan tana yarinya, ta yi aiki a masaƙa, ta yi karatu a Gidan Hull, ta rubuta tarihin rayuwarta. Ta rasu a 1967 ba a buga shi ba. Ɗiyarta ce ta tattara takardun ta fitar da littafin a 1989, shekara ɗari cif bayan buɗe gidan.

Wanga ido ne kuma ya gano cewa waɗanda aka rufe wa ƙofa sun gina tasu. Matan baƙar fata na Amurka sun kafa ƙungiyarsu ta ƙasa a 1896 ƙarƙashin Mary Church Terrell, kuma buɗe lambunan yara yana cikin manyan ayyukansu. A birnin Atalanta, Lugenia Burns Hope ta kafa ƙungiyar maƙwabta a 1908, ta raba unguwanni yanki-yanki, matan kowane yanki suna bin gidaje suna jin bukatun mutane. A nan mai taimako da wadda ake taimako sau da yawa unguwarsu ɗaya, wulaƙancin da ake yi masu kuma iri ɗaya.

ƘORAFI BIYU

Mai karatu yana iya cewa: ai dosiye ma'aikaciya ce ta rubuta ta, da idonta da son zuciyarta, sau da yawa cikin harshen da uwar ba ta ji. To, yaya za a ce muryar uwa ce? Ƙorafin yana da ƙarfi, kuma masanan da kansu sun yarda da shi. Amsarsa tana ga yadda ake karatun. In ma'aikaciya ta rubuta cewa wata mace mai taurin kai ce, ta ƙi bin shawara, masani yakan tambaya: wace shawara ta ƙi, kuma me ta yi a madadinta? Ban da haka, aiki ya fi magana wuyar murɗewa. Ranar da mace ta zo, sau nawa ta dawo, watan da ta janye ɗanta daga makaranta, duk suna nan a rajista, kuma in aka jera na mutum ɗari sai hoto ya fito. Shaida mai son kai tana da amfani ga alƙalin da ya san son kan nata. Wanda ba shi da amfani shi ne shaidar da ya ƙone.

Ƙorafi na biyu shi ne na sirri. A cikin dosiye akwai asirin gidaje: duka, da yunwa, da ciki ba aure. Tona su cin mutunci ne. Wannan ma gaskiya ne, kuma talaka yana da haƙƙin a rufa masa asiri kamar kowa. Amma rufin asiri yana da hanyoyinsa. Ana ƙulle takarda shekaru masu yawa kafin a buɗe wa mai bincike, ana kuma sake sunaye, kamar yadda Gordon ta yi a littafinta. Wanda ya ƙone dosiye da sunan kare mai ita, ya shafe shaidar zaluncin da aka yi mata tare da shaidar ƙoƙarinta.

DARASI GA MAI RIƘE DA MABUƊI

Ƙasar Hausa ta san darajar ajiya a kan wagga magana. Nana Asma'u, ɗiyar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo wanda aka haifa a Maratta, ta rayu daga 1793 zuwa 1864. Ta kafa tsarin Ƴan Taru, inda jaji, wato shugabar mata, ke zuwa wurinta daga ƙauye ta ɗauki karatu, ta koma ta koya wa ƴan uwanta. Duniya ta san wanga aiki ne domin gidan Wazirin Sakkwato ya adana rubuce-rubucenta na Fulatanci da Hausa da Larabci, har Jean Boyd ta rubuta tarihinta a 1989, sa'an nan ita da Beverly Mack suka buga ayyukanta a 1997. Ko a nan ma, muryar malama ta fi ta ɗalibai fitowa. Abin da aka sani game da jajis ya zo ne daga waƙoƙin ta'aziyya da Nana ta yi wa wasunsu, da kuma bakin tsofaffin da aka yi hira da su.

Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma abin da ya faro a ɗaki mai murhu a 1769 ya zama doka: tun 2019 ilimi tilas ne ga kowane yaron Faransa daga shekara 3. Aikin da ya kai wanga matsayi ya cancanci a san yadda aka yi shi, da inda ya yi kuskure. Abin da binciken masana ya nuna shi ne, wurin reno ko ofishin taimako yakan yi ƙarko in ya bar iyaye mata suka gyara shi, kuma yakan zama sanda in ya ɗauka cewa ya riga ya san abin da suke bukata. Malamar jardan da asistan sosiyal da shugaban da ke bisa kansu duk suna tsakanin waɗanga hanyoyi biyu kowace safiya.

Saboda haka akwai abubuwan da ya kamata a yi, kuma ba su bukatar kuɗi mai yawa. Rajistar kiran suna ta makarantar ƙananan yara, da littafin awon jarirai, da dosiyen taimakon jama'a, da takardun taron ƙungiyoyin mata, a ɗaure su shekara-shekara, a ɗaga su daga ƙasa saboda gara da ruwa, a miƙa su gidan ajiyar takardun tarihi in lokacinsu ya yi. Ma'aikaciyar da ke cika dosiye ta rubuta abin da uwa ta faɗa kamar yadda ta faɗe shi, cikin harshenta in ya yiwu, dabam da ra'ayin ma'aikaciyar. Tsofaffin ungozomai da malamai mata na farko da masu wayar da kan mata a karkara, a ɗauki maganarsu tun suna da rai. Birnin Yamai yana da cibiyar tarihin baka tun 1968, irin wanga aiki nata ne.

Akwai kuma wani abu da matan Bostan da na Shikago ba su samu da sauƙi ba. Macen da ta gama karatun yaƙi da jahilci ba ta bukatar wani ya rubuta labarinta a madadinta. Tana iya ɗaukar littafin rubutu ta sa ranar da ta fara kai ɗanta makaranta, da abin da aka faɗa mata, da abin da ta amsa, da dalilin da ya sa ta ci gaba ko ta daina. Hilda Polacheck haka ta yi, kuma takardunta sun jira shekara 22 bayan rasuwarta kafin su samu mai bugawa. Sun samu ne domin ɗiyarta ba ta zubar da su ba.